Kayan da Ba a Auna Ba

A birnin Detroit na ƙasar Amurka aka yi wata yarinya mai suna Aaliyah Dana Haughton. A Brooklyn aka haife ta ranar 16 ga Janairun 1979, tana 'yar shekara biyar iyayenta suka tattara suka koma Detroit, can ta yi wayo. Gidansu gidan rufin asiri ne, uba mai neman na kansa, uwa mai murya wadda ta zauna ta rungumi tarbiyyar 'ya'yanta biyu, Rashad da ƙanwarsa. Makarantar 'yan Katolika aka sa ta. Tun tana aji ɗaya ta fito a wasan kwaikwayon makaranta, daga nan aka gane Allah Ya yi wa yarinyar baiwa. Siririya ce, mai kunya, muryarta ba ta da kauri, amma in ta ɗauki waƙa sai mutane su bar abin da suke yi.

Tana da shekara 10 ta hau wani shirin talabijin na gasar masu tasowa da ake kira Star Search. Ta rera wata waƙar soyayya ta manya wadda aka rubuta tun kafin a haifi mahaifiyarta. Ba ta ci gasar ba, amma manyan da ke kallo sun ga abin da suka gani. Tana da kawu, Barry Hankerson, ɗan'uwan mahaifiyarta, mutumin da ya san ciki da wajen harkar waƙa, tsohon mijin shahararriyar mawaƙiya Gladys Knight. Ta dalilinsa yarinyar ta tsaya kusa da Gladys a dandali a Las Vegas tana da shekara 11, dare biyar a jere. Tana cika 12 kawun ya sa ta a kamfaninsa na waƙa mai suna Blackground, wanda ya ƙulla ciniki da wani babban kamfani, Jive.

Kawun yana da wani mawaƙi da yake yi wa manaja, mutumin Shikago, Robert Kelly, wanda duniya ta sani da R. Kelly. A lokacin tauraronsa ya fara haskawa. Shi yake rubuta waƙa, shi yake haɗa kiɗa, shi yake rerawa, kuma duk abin da ya taɓa sai ya zama kuɗi. Aka ga babu wanda ya fi dacewa ya horar da yarinyar sai shi. Babu wanda ya sato ta. Da rana tsaka aka kai ta, hannu da hannu, kuma na gida ne ya kai ta, da kyakkyawar niyyar a gina mata gaba.

Tana da shekara 14 suka shiga situdiyo. A watan Mayun 1994 faifanta na farko ya fito, kusan dukan waƙoƙin ciki shi ya rubuta, shi ya haɗa. Sunan faifan Age Ain't Nothing but a Number, wato shekaru lamba ce kawai. A bangon faifan ga ta nan a gaba da baƙin tabarau, shi kuma can baya, jingine da bango, hoton ya ɗan dushe, ya juyo yana dubanta. Wannan bango ya bi ta hannun masu ɗaukar hoto, da masu zane, da manyan kamfani, da masu talla, da masu shago, sannan ya shiga gidaje. An sayar da sama da kwafi miliyan biyu a Amurka kaɗai. Su biyun sukan fito a talabijin da sutura iri ɗaya. Da aka tambaye ta shekarunta a wata hira sai ta ce sirri ne, aka yi dariya aka wuce. Abin da ake yawan faɗa a kanta a lokacin shi ne ta girmi shekarunta, tana da natsuwar manya, in ka gan ta ba za ka ce yarinya ba ce.

Abin da ya faru a ƙarshen watan Agustan wannan shekara sai bayan shekara 27 aka ji shi dalla-dalla a gaban kotu, daga bakin waɗanda aka yi da su. Mawaƙin yana cikin rangadin wasa sai saƙo ya iske shi cewa yarinyar tana zaton tana da ciki. Ya bar rangadin, ya hau jirgi da manajan tafiye-tafiyensa suka koma Shikago. Mutanensa suka zauna suka yi shawara. A wannan zama, kamar yadda shaidar ta nuna, tambayar da aka sa a gaba ita ce yadda maigida zai tsira daga kurkuku. Aka ga mafita ita ce aure, domin masu gabatar da ƙara sun bayyana daga baya cewa lissafin shi ne mace ba za a tilasta mata ta ba da shaida a kan mijinta ba.

Sai dai dokar jihar Illinois ta ce sai mutum ya kai 18 zai yi aure da kansa, ita kuwa 15 take da ita. Manajan ya ce ya san wani a ofishin gwamnati da ke tallafa wa marasa galihu. Ya je ya ba shi dala 500, aka buga wa yarinyar katin shaida. Da wannan kati aka je ofishin rajistar aure na gundumar Cook, aka rubuta cewa shekarunta 18, shi kuma 27. Ma'aikacin da ya karɓi kuɗin yana da idanu, wanda ya buga hatimi ma yana da su.

Ranar 31 ga Agustan 1994 aka kira wani fasto zuwa ɗakin otal a Rosemont, kusa da filin jirgin saman Shikago. Faston ya faɗa wa kotu cewa bai san ko su wane ne ba, wani abokinsa ne ya roƙe shi alfarma. Ya iske ango da amarya sanye da kayan motsa jiki iri ɗaya, kowannensu ya naɗe ƙafar wando guda zuwa gwiwa. Babu uwa a ɗakin, babu uba. Waɗanda suka tsaya duk mutanen ango ne. Aka miƙa wa faston takardar alkawarin ba zai faɗa wa kowa ba, ya ƙi sa hannu, amma ya ba da kalmarsa. Aka ba shi 'yan kuɗi, ya ƙi karɓa. Cikin kamar minti goma aka gama. Mutum ne mai gudun abin hannun mutane, mai kuma cika alkawari, domin ya riƙe bakinsa shekara 27. Abu ɗaya ne bai yi ba a ɗakin, bai dubi amaryar ya tambaye ta ina iyayenta suke ba.

Da iyayen suka ji, sun tashi tsaye. Suka janye 'yarsu, aka raba ta da shi, zuwa watan Fabrairun 1995 aka rushe auren. Wannan sun yi shi, kuma ba kowa ne zai iya ba. Daga nan sai aka shiga aikin rufin asiri. Ɗan jaridar Chicago Sun-Times, Jim DeRogatis, wanda ya yi shekaru yana bin diddigin mawaƙin, ya ruwaito cewa an yi yarjejeniya a rubuce, kowane ɓangare ya yi alkawarin ba zai ƙara ambaton ɗayan ba, kuma kuɗin da aka rubuta an biya yarinyar dala 100 ne. Ba a kai maganar gaban 'yan sanda ba. Shekaru da yawa bayan haka, a wata hirar talabijin a 2021, kawun ya ce shi bai san abin da ke gudana ba sai da ya faru, kuma da ya sani ransa ya ɓaci ƙwarai, ya je wurin wani jagoran addininsa suka yi addu'a, suka bar mutumin da Allah. Ya kuma ci gaba da zama manajan mawaƙin har zuwa shekarar 2000.

Asirin bai rufu duka ba. Mujallar Vibe ta samo takardar auren ta buga, kowa ya gani da idonsa. Ita da mawaƙin suka musa, aka bar maganar a haka. Kamfanin Jive yana da mawaƙa biyu a hannu, babba mai kawo miliyoyi da yarinya mai tasowa. Yarinyar ce ta tashi ta koma wani kamfani, Atlantic. Ɗan kawunta, Jomo Hankerson, ya faɗa daga baya cewa da suka zo yin faifai na biyu sun sha wuya kafin su sami masu haɗa kiɗa da za su yarda su yi aiki da ita, domin ita aka shafa wa baƙin fenti. Hukuncin da gari ya yanke, ba tare da an yi zaman kotu ba, shi ne in ɓera da sata daddawa ma da wari. Daddawar da ake magana a kanta ba ta gama sakandare ba.

Mawaƙin kuwa sai abin ya ƙara gaba. A 1995 ya rubuta wa Michael Jackson waƙar da ta hau saman jadawali. A 1996 ya fitar da I Believe I Can Fly, waƙar ƙarfafa zuciya mai kama da wa'azi, wadda ta ci masa kyautar Grammy uku a 1998. Aka riƙa rera ta a coci-coci, aka riƙa sa yara su rera ta a bikin yaye ɗalibai, iyaye na share hawaye. Takardar auren tana nan a mujalla, ba wanda ya ƙone ta. Mutane sun dai ga cewa mai irin wannan murya, mai ambaton Ubangiji haka, bai kamata a tsaya ana tona masa baya ba.

Abin da yarinyar ta yi da kanta a shekarun da suka biyo baya shi ne abin da ya fi cancanta a tuna, kuma shi ne aka fi saurin tsallakewa. Ba ta kwanta ba. Ta sami wasu matasa biyu daga jihar Virginia waɗanda a lokacin ba a san su sosai ba, Timbaland da Missy Elliott, suka yi faifan One in a Million a 1996. Kiɗan Timbaland mai tsalle ne, mai yankewa inda ba a zata ba, ita kuma sai ta shimfiɗa muryarta a kansa a hankali, ba ihu, ba ƙaraji. Wannan haɗi ya canza salon waƙar baƙar fatar Amurka, har yau ana jin sawunsa. Tana wannan tana zuwa aji. A 1997 ta gama makarantar sakandaren fasaha ta Detroit da maki mafi girma da ake bayarwa. A wannan shekarar kuma ta shigar da buƙata a gundumar Cook cewa a goge rajistar auren daga kundin gwamnati, tunda an yi shi tana ƙarama. Da kanta ta je share abin da manya suka rubuta. Duk ɗan jaridar da ya kawo mata sunan mutumin sai ta kau da maganar cikin ladabi. Har ta bar duniya ba ta ba da labarin a fili ba.

Gwanar rawa ce, irin rawar da ke bukatar horo kamar na 'yan wasan motsa jiki, ana maimaita taku ɗaya har sai jiki ya haddace shi. Takan sa manyan wanduna, ta saki gashi ya rufe mata ido ɗaya, 'yan mata a ko'ina suka kwaikwaya. A 1998 ta rera waƙa a bikin ba da kyautar Oscar. A 2000 ta fito a fim ɗinta na farko, Romeo Must Die, tare da Jet Li. Waɗanda suka kalle shi za su tuna wurin da Jet Li ya ƙi dukan mace da hannunsa, sai ya kama hannuwan Aaliyah da ƙafafunta yana juya ta, yana kai duka da su, ita ce ke bugu amma shi ne ke sarrafawa. Waƙarta ta cikin fim ɗin, Try Again, ta zama ta farko a tarihin jadawalin Billboard da ta kai lamba ɗaya da ƙarfin sawa a rediyo kaɗai.

Daga nan aiki ya yi mata rubdugu. Ta tafi Melbourne a Ostireliya ɗaukar fim na biyu, Queen of the Damned, da rana tana gaban kyamara, da dare tana situdiyo tana naɗar faifai na uku. An riga an ba ta matsayi a ci gaban fim ɗin The Matrix. A watan Yulin 2001 faifan ya fito, mai ɗauke da sunanta kawai. Shekarunta 22. In ka ƙirga waɗanda abincinsu ya rataya a wuyanta, daga kamfanin kawu zuwa kamfanin Virgin da ke rarraba faifan, zuwa masu rawa, masu kwalliya, masu gyaran gashi, masu tsaro, direbobi, za ka ga gari guda ne ke tafiya a kan siririyar yarinya ɗaya. Ba a taɓa jin ta yi ƙorafi ba, kuma waɗanda suka yi aiki da ita sun haɗu a kan cewa mai sauƙin kai ce. Mai sauƙin kai kuwa shi aka fi ƙara wa kaya.

Faifan ya fara da lamba biyu, sannan ya soma gangarowa. Aka ga a yi sabon bidiyo. Waƙar da aka zaɓa ita ce Rock the Boat, darakta Hype Williams, aka fara ɗauka a Miami, aka ƙarasa a tsibirin Abaco na ƙasar Bahamas, a bakin teku da kan jirgin ruwa. An tsara za su koma ranar Lahadi 26 ga Agusta. Aikinta ya ƙare da wuri, sai ita da wasu daga cikin tawagar suka ce gara su koma Florida a ranar Asabar.

Jirgin da ya zo ɗaukarsu a filin Marsh Harbour ƙarami ne mai injin biyu, Cessna 402B, bai kai wanda ya kawo su girma ba. Kowane jirgi irin wannan yana da iyakar nauyin da zai iya tashi da shi, an rubuta a littafinsa. Na wannan bai wuce kimanin kilo 2,860 ba, a ciki har da nauyin jirgin kansa da mansa da matuƙi. Kuma bayan yawan nauyin akwai maganar inda aka ajiye shi. Jirgi yana da wani wuri a tsakiyarsa da nauyi ya kamata ya daidaita a kai. In kaya suka rinjaya baya, da ya bar ƙasa hancinsa zai ɗaga sama fiye da kima, fikafikan su kasa riƙe iska, matuƙi ya tura sitiyari gaba jirgin ya ƙi jin magana. Shi ya sa kafin a tashi ake ɗora kowace jaka a sikeli, a san nauyin kowane fasinja, a zaunar da masu jiki a gaba, a yi lissafi a takarda. Aikin 'yan mintoci ne.

A yammacin nan ba a ɗora kayan a sikeli ba. Aka yi ta cusa jakunkuna. Fasinja takwas ne, jirgin kuwa bakwai aka yarda ya ɗauka. Masu jiki, har da mai tsaron lafiyarta, wani ƙaton mutum, suka zauna a baya. Masu lodin kaya a filin sun yi magana. Shaidu sun ce shi ma matuƙin ya yi magana, ya ce kayan sun yi yawa, aka yi ta gardama da shi, mutane na cewa suna sauri, dole su isa Miami a daren. Daga ƙarshe ya sakar musu. Kowa a wurin yana da hujjarsa. Fasinja sun gaji, sun biya kuɗi. Masu lodi ba su da ikon hana kowa. Kamfanin haya ba ya son ya rasa ciniki. Matuƙi sabo ne a wurin aikin, ba ya son a ce ya mayar da manyan baƙi. Duk wanda ya ga abin ya faɗi nasa sau ɗaya, ya ga ya sauke nauyi, ya ja gefe.

Wajen ƙarfe bakwai saura na yamma jirgin ya bi titi ya ɗaga. Bai yi nisa ba hancinsa ya miƙe, ya karkata, ya faɗo cikin fadama kimanin mita 60 daga ƙarshen titin, wuta ta kama. Mutum tara ne a ciki, babu wanda ya rayu. Aaliyah tana cikin waɗanda suka cika nan take. Mai tsaron lafiyarta ya ɗan jima da rai, kuma masu motar asibiti sun ba da labarin cewa abin da yake ta tambaya shi ne halin da take ciki.

Bincike ya nuna nauyin ya zarce iyaka da kimanin kilo 320, kuma ya rinjaya baya. Ya nuna matuƙin ba ya cikin waɗanda aka amince su tuƙa wannan jirgi a ƙarƙashin lasisin kamfanin, Blackhawk International Airways, kuma ya ƙara wa kansa sa'o'in tuƙi na ƙarya a takardunsa. Kwana 12 kafin haɗarin ya tsaya gaban wata kotu a Florida kan laifin mallakar hodar iblis. Da aka gwada gawarsa aka sami alamun hodar da na giya. Duk waɗannan abubuwa game da matuƙin a rubuce suke a ofisoshi dabam-dabam tun kafin jirgin ya tashi, in ban da na ƙarshen. Ajali gaskiya ne, ba mai musun wannan. Sikelin ma gaskiya ne, kuma da shi aka ce a yi aiki.

Ranar 31 ga Agustan 2001 aka yi jana'izarta a cocin St. Ignatius Loyola da ke Manhattan a birnin Niyok, shekara bakwai cif daga ranar ɗakin otal ɗin Rosemont. Fararen dawakai suka ja keken da ke ɗauke da akwatin gawar, ɗaruruwan mutane suka bi a ƙafa, aka saki fararen kurciyoyi 22, kowace shekara guda. Manyan harkar waƙa duk sun hallara. Aka yi kuka na gaske. Waɗanda a da suka ƙi ɗaukar wayar mutanenta yanzu sun sami bakin yabo, aka ce mala'ika ce, aka ce ba a taɓa yin mai tarbiyya irinta ba. Faifan da ya gangaro zuwa lamba 19 ya tashi ya koma lamba ɗaya. A watan Fabrairun 2002 fim ɗinta na biyu ya fito ya zama na farko a kasuwa a makon, bayan an kira wanta Rashad ya cike wasu kalamai da muryarsa inda tata ba ta fito sosai ba. A wannan shekarar kuma gidan shirya gawa na Nassau da ya wanke mamatan tara ya aika da su gida ya fito yana cewa har yanzu ba a biya shi dala 68,000 na aikinsa ba.

Sai shari'a. Iyayenta sun kai ƙarar kamfanin jirgin da wasu, aka sasanta a 2003. Kamfanin kawun shi ma ya shigar da tasa ƙarar dabam, a kan kamfanin da ya shirya ɗaukar bidiyon, yana neman diyya. Hujjarsa ita ce sakacinsu ya jawo masa asarar babbar kadararsa. Kotun farko ta yarda a saurari ƙarar. A watan Janairun 2005 kotun ɗaukaka ƙara ta jihar Niyok ta yi watsi da ita, ta ce iyaye ne ke da hakkin neman diyyar rai, kuma ɗan Adam ba ya zama kadarar wani. Sai da alƙalai suka zauna kafin a faɗi wannan a kan 'yar ƙanwar mutum ko 'yar yayarsa.

Amma faya-fayan asali suna hannun kamfanin, kuma a nan doka tana bayansa. Da duniya ta bar kaset da faifai ta koma sauraren waƙa ta intanet, sai aka nemi waƙoƙinta aka rasa. One in a Million babu, faifanta na ƙarshe babu. Shekara da shekaru masoyanta na roƙo, kamfanin ya yi shiru. Mawaƙan da suka taso bayanta suna ambatonta a matsayin wadda ta share musu hanya, Drake har ya zana fuskarta a bayansa, iyaye a Amurka suka yi ta raɗa wa 'ya'yansu sunanta har ya shiga sahun sunaye ɗari da aka fi sa wa 'yan mata. Kafin watan Agustan 2021, yarinyar da aka sa wa sunan, in ta girma ta buɗe waya tana son ta ji takwararta, faifai ɗaya kaɗai za ta samu cikakke, na farkon nan da ya rage a hannun Jive, mai hoton mutum a jingine da bango. Duk sauraro ɗaya kuma akwai kason marubucin waƙa a ciki.

Marubucin kuwa ya ci gaba da harkarsa. A watan Disambar 2000 Chicago Sun-Times ta buga rahoton farko a kan mu'amalarsa da ƙananan 'yan mata. A 2002 aka gurfanar da shi kan wani faifan bidiyo, shari'ar ta yi ta jan ƙafa shekara shida, a cikinsu ya fitar da faifan da ya hau lamba ɗaya, ya kuma fitar da na waƙoƙin tuba da yabon Ubangiji. A 2008 aka sallame shi, yarinyar da ake magana a kanta ba ta zo ta ba da shaida ba. A 2010 shi aka gayyata ya rera waƙa a bikin buɗe gasar cin kofin duniya a Johannesburg. A 2012 ya tsaya a cikin coci ya rera waƙa a jana'izar Whitney Houston. A duk tsawon wannan lokaci akwai 'yan mata da ke shiga gidansa, yawancinsu baƙaƙe, da yawa masu burin zama mawaƙa, wasu iyayensu ne suka kai su da fatan zai taimaka. Akwai masu ɗauko su a mota, masu saya musu tikitin jirgi, masu kai musu abinci ɗaki, masu tsaron ƙofa, lauyoyi masu rubuta takardar sasantawa. Kowannensu albashi yake karɓa, yana da iyali. In wata ta fito ta yi magana sai a ce kuɗi take nema, ko a tambaya me ya kai ta.

Sai a watan Janairun 2019, da wani gidan talabijin ya jera matan suka yi magana ɗaya bayan ɗaya a shirin Surviving R. Kelly, hukuma ta motsa. A ƙarshen wannan shekara aka ƙara masa tuhumar cin hancin katin shaidar 1994. Ranar 18 ga Agustan 2021 aka buɗe shari'a a Brooklyn, garin da aka haifi Aaliyah. A takardun kotu ba a rubuta sunanta ba, an kira ta mace ta ɗaya da aka sakaya. A makon da tsohon manajan ya hau ya ba da labarin dala 500, a makon ne kamfanin kawun ya saki One in a Million a intanet, kwanaki kaɗan kafin cikarta shekara 20 da rasuwa. Masu kula da gadonta, wato mahaifiyarta da wanta, suka fitar da sanarwar rashin jin daɗi, lauyansu ya ce har yanzu ba a ba su cikakken lissafin abin da waƙoƙinta suka samar ba.

Ranar 27 ga Satumba masu taya alƙali hukunci suka same shi da laifi a dukan tuhuma tara. A watan Yunin 2022 aka yanke masa shekara 30, yana da 55 a duniya. Shi kaɗai ya tsaya a akwatin wanda ake tuhuma a wannan shari'a. Manajan da ya kai kuɗin an ba shi kariya daga tuhuma domin ya yi magana, ya gama ya sauka. Faston ya gama nasa ya koma gida. Kamfanin kawun kuwa, tun a watan Disambar 2021 ya fitar da wata waƙa da aka haɗa tsohuwar muryarta da ta wani mawaƙin zamani, ya kuma sanar cewa akwai sauran naɗe-naɗenta a ajiye, za a yi sabon faifai da su.